Zakin Fada da Zakin Dawa: Farauta da Sarauta Daga Tsanyawa Zuwa Makidoniya

Idan kaka ta wuce, an yanke dawa an ɗaure, rumbuna sun cika, sanyin hunturu kuma ya fara ja da baya, akwai safiyar da ƙauyukan ƙasar Tsanyawa kan tashi da amon ganga da haushin karnuka. Ranar farauta ke nan. Samari da magidanta kan fito da gora da barandami da adda, wasu ɗaure da layu a damtse, su bazu cikin gonakin da aka girbe, suna bugun kowane kurmin geza da sabara. Da la'asar sai a dawo da abin da aka samu: zomo biyu ko uku, kurege, gafiya, fakara, wani lokaci damo ko bushiya. Masu son babban nama kuwa sai sun yi hayar mota zuwa dazuzzuka masu nisa, kuma ko can ɗin ba kullum ake dacewa ba.

Yaron da ya dawo gida da zomo a hannu, shi ne kuma zai shiga Kano ranar hawan salla ya ji fadawa suna kiran sarki da Zaki, suna ce masa Giwa, Toron Giwa. Bai taɓa ganin zaki ba sai ko a gidan namun daji na Audu Bako, mahaifinsa ma haka, kakansa ma da wuya. To, yaya aka yi dabbar da ta bar ƙasa tun da daɗewa ta ci gaba da zama a bakin fada? Kuma me ya kore ta daga dawa? Tambayar farko ta masana tarihi ce, ta biyu ta masana ilmin halittu, amma amsoshinsu a sarƙe suke.

Maharbi kafin sarki

Tsohon littafin tarihin Kano, wanda wani Bature mai suna Palmer ya fassara zuwa Ingilishi a 1908, bai fara labarinsa da sarki ba, da maharbi ya fara. Ya ambaci Dala, wanda ya zauna a kan dutsen da ake kira da sunansa, da Barbushe da ya fito daga zuriyarsa, ya kuma siffanta wani ƙaton baƙin mutum mai kashe giwa da sanda, ya ɗauko ta a ka har tafiyar mil tara. Yawancin masu ba da labari Barbushe suke ɗora wa wannan siffa. Sai bayan waɗannan ne Bagauda ya zo, wanda lissafin littafin ya sa farkon sarautarsa a shekarar 999.

Ɗalibin kimiyya ya san cewa toron giwa yakan kai nauyin kilo dubu biyar zuwa dubu shida, don haka babu wuyan ɗan Adam da zai ɗauke shi ko da taku ɗaya. Amma kuskure ne a watsar da labarin saboda wannan. Almara takan ƙara gishiri, sai dai ba ta cika ƙago dabbar da masu sauraro ba su sani ba. Abin da labarin ya adana shi ne cewa an yi zamanin da giwa take kiwo a inda birnin Kano yake a yau, kuma mutumin da ya iya tunkarar ta shi jama'a suke miƙa wa wuya.

Wannan bai tsaya ga Kano ba. Garuruwa da yawa na ƙasar Hausa, idan aka tambayi dattawansu asalin gari, sai su ce wani maharbi ne ya fara saran wurin. Akwai dalili na ilmin muhalli a cikin haka. Maharbi shi ne mai bin sawun namun daji da rani, sawun nan kuwa ruwa yake nufa. Inda ɓauna da gwanki suke taruwa a watan da ƙasa ta bushe, nan ne ruwa yake kusa, nan ne ciyawa take daɗewa, nan ne kuma ƙasa take da albarkar noma. Dabba ce ta fara zaɓen wurin, maharbi ya bi ta, manomi ya bi maharbi, daga baya aka naɗa sarki. Labarin Daura ma a kan wannan turba yake: baƙo ya kashe macijin da ya hana mutane ruwan rijiyar Kusugu in ba ranar Juma'a ba, ya nuna kan macijin shaida, sai ya auri sarauniya. Wanda ya raba jama'a da dabbar da ta tsare musu ruwa, shi ya cancanci gadon mulki.

Bangon kabari a Girka

A shekarar 1977 wani masanin tone-tonen kayan tarihi, Manolis Andronikos, ya haƙo wasu kaburburan sarakuna a ƙauyen Bergina da ke arewacin Girka, inda tsohuwar fadar Makidoniya take. A saman ƙofar ɗaya daga cikinsu akwai zanen fenti mai tsawon fiye da mita biyar. Zanen na farauta ne: mutum goma, wasu a kan dawaki wasu a ƙasa, da karnukansu, sun rutsa da namun daji iri-iri, har da gadu irin na can, da wata ƙatuwar dabba mai gashi da babu irinta a Afirka ta Yamma. A wajen da ido ya fi sauka kuwa, wani dattijo ne a kan doki ya ɗaga mashi zai soki zaki. Andronikos ya ce kabarin Filibus na Biyu ne, mahaifin Iskandari Mai Girma, wanda aka kashe a shekarar 336 kafin haihuwar Annabi Isa, alaihis salam. Wasu masana suka ja da shi, suka ce na wani ɗansa ne da ya yi sarauta bayan Iskandari. Abin sha'awa, zakin nan yana cikin hujjojin gardamar, domin wasu suna ganin Makidoniyawa ba su ɗauki farautar zaki a matsayin alamar sarauta ba sai da suka ci ƙasar Farisa suka ga yadda sarakunanta suke yi.

Ko ma wane ne a cikin kabarin, farauta a wurin mutanen nan ba wasa ba ce. Marubutan da sun ruwaito cewa ba a yarda namiji ya kishingiɗa a wurin walima ba sai ya soke gadu da mashi ba tare da raga ba, har aka ce Kasanda, wanda ya zama sarki daga baya, ya kai shekara 35 yana cin abinci a zaune saboda bai cika wannan sharaɗi ba. A birnin Fela, inda aka haifi Iskandari, an samu daɓen gidaje da aka tsara da ƙananan tsakuwoyi masu launi, ɗaya yana nuna samari biyu suna faɗa da zaki. Akwai kuma labarin da kowane mafarauci na Tsanyawa zai gane nan take. A shekarar 327 kafin haihuwar Annabi Isa, wani yaron fada mai suna Hermolawus ya riga Iskandari sukar gadu a wurin farauta. Sarki ya sa aka yi masa bulala, aka ƙwace dokinsa. Zafin wannan wulaƙanci ya sa yaron ya haɗa baki da 'yan'uwansa don su kashe sarki, asirinsu ya tonu, aka hallaka su. Rigimar wanda ya fara jifa, wadda takan sa a zare wuƙaƙe a kan zomo ɗaya a bayan gari, ita ce dai ta kusa kifar da daular da ta kai daga Girka har Indiya.

Shin akwai zaki a Turai a wancan zamani? Akwai. Hirodotus ya rubuta cewa zakoki sun riƙa afka wa raƙuman rundunar Farisa da dare lokacin da ta ratsa Makidoniya a shekarar 480 kafin haihuwar Annabi Isa, kuma an tono ƙasusuwan zaki a wurare da dama a Girka da maƙwabtanta. Sai dai tun a zamanin Aristotal, malamin Iskandari, zakin ya riga ya yi ƙaranci, kuma bayan 'yan ƙarnoni ya ƙare ƙaf. A nan akwai abin lura: zanen sarki da zaki ya fi bunƙasa a daidai lokacin da zakin yake ƙarewa. Haka abin yake a Assuriya, a ƙasar Iraƙi ta yau, inda sassaƙen dutse na Sarki Ashurbanifal, na wajen shekarar 645 kafin haihuwar Annabi Isa, ya nuna ƙarara ana buɗe wa zakoki ƙofar keji domin sarki ya harbe su a fili, jama'a suna kallo daga kan tudu. Jarumtakar da ake sassaƙawa, da zakin da aka kamo aka tsare ake yin ta.

Sarkin da bai fita farauta ba

A ƙasar Hausa al'amarin ya bi wata hanya dabam. Mai ziyarar Gidan Makama ko tsofaffin soraye na Kano da Zariya zai ga zanen bango na layuka da kusurwoyi da dagi, amma ba zai ga sarki yana sukar zaki ba. Musulunci bai ƙarfafa zana surar mai rai ba, saboda haka hoton da Bamakidone ya yi da fenti da tsakuwa, Bahaushe da harshe ya yi shi, a kirari da kiɗan tambari da kirarin fadawa. Ko dagin ma, kalmar ita ce sunan tafin ƙafar zaki da damisa da kyanwa.

Bambancin bai tsaya ga kayan aiki ba, ya kai ga ma'ana. Sarkin Makidoniya mai kashe zaki ne. Sarkin Hausa shi ne zakin. Na farko dole ya yi ta fita yana nuna ƙarfinsa a gaban manyan mayaƙansa, wanda duk ya riga shi suka kuwa ya taɓa mulkinsa. Na biyu ya rufe fuska da amawali, yana tafiya sannu, yana magana ƙasa-ƙasa wani yana ɗaga muryarsa. Duk wanda ya lura da zaki a dawa zai ga kamannin ya dace fiye da yadda fadawa suka sani: namijin zaki yakan shafe mafi yawan yini a kwance, zakanyu ne suke yin galibin farautar garke, aikinsa shi ne tsaron iyaka da ruri, wanda akan ji daga nisan kilomita da dama a daren da iska ta kwanta.

Farauta kuwa sai ta zama sana'a mai shugabanta, wato Sarkin Baka, kamar yadda maƙera da mahauta suke da nasu. Sana'a ce mai cike da ilmin halittu, ko da yake ba a rubuta shi ba. Maharbi yakan ɗaura kan burtu a goshinsa, ya durƙusa yana rarrafe yana kwaikwayon yadda tsuntsun yake kiwo, domin ya lura cewa namun daji ba sa gudun burtu; da haka zai matso har inda kibiya za ta isa. Dafin kibiyar kuma daga 'ya'yan ƙwanƙwani ake haɗa shi, tsiron da masana suke kira Strophanthus, wanda sinadarinsa yake tsayar da bugun zuciya. Likitocin Turai sun daɗe suna amfani da irin wannan sinadari, a ɗan ƙanƙanen awo, wajen maganin ciwon zuciya. Giwa kuwa da sango ake harbinta, wani gajeren mashi mai dafi da ake ɗura wa a bakin bindiga.

Akwai wani dalili mai zurfi da ya sa sarautar Hausa ta juya wa dawa baya, kuma ƙuda ne ya jawo shi. Ƙarfin sarakunan Kano da Katsina a kan doki yake. Doki kuwa ba ya daɗewa a kurmin da tsando yake, domin tsando yana ɗauko ƙwayar cutar sammore daga jinin gadu da ɓauna da mazo, waɗanda cutar ba ta cika kayar da su ba, ya zuba ta a jinin doki da saniya, waɗanda take kashewa. Tsando yana bukatar inuwa da laima. Idan aka sare kurmi aka mai da shi gona, namun daji suka ja da baya, sai ƙudan ya ɓace, doki da shanu su samu wurin zama. Wato kowace gona da aka sara ƙari ce ga rundunar sarki. Shi ya sa dabbar da sarkin Hausa yake nuna wa jama'a ranar salla doki ce mai ado, zaki kuwa aka bar masa suna kawai.

Gashin jimina

Akwai dabbar dawa guda da ta shiga fada da jikinta. Littafin tarihin Kano ya lissafa abubuwan da Sarki Muhammadu Rumfa, wanda ya yi mulki daga 1463 zuwa 1499, ya fara, a cikinsu har da kakaki da dawakin zage da figini da takalman gashin jimina. Har yanzu ana ganin figini a gefen Sarkin Kano idan ya hau. Gashin jimina ya dace da wannan aiki saboda ƙirarsa. Gashin tsuntsu mai tashi yana da ƙananan ƙugiyoyi da suke sarƙe zarurrukansa su zama faifai ɗaya mai tare iska. Gashin jimina ba shi da su, don haka yake a sake, da laushi, yana rausaya da ɗan motsi kaɗan.

Wannan kyau ne ya zame mata bala'i. A ƙarni na 19 gashin jimina yana cikin manyan kayan da ayari yake ɗauka daga Kano zuwa Tarabulus, daga can zuwa Landan da Faris domin adon hulunan mata. Jiminar wannan yanki, mai jan wuya, ta yi suna har a 1911 gwamnatin Afirka ta Kudu ta turo tawaga zuwa ƙasar Kano don neman irinta, suka koma da fiye da ɗari a shekarar da ta biyo. A 1914 kasuwar gashin ta rushe. Jiminar dai ba ta farfaɗo ba. A yau babu ita a dawan ƙasar Kano, a Nijar ma sai da aka koma kiwonta a killace domin kada irin ya ɓace.

Lissafin da ya kori zaki

Sau da yawa akan ɗora laifin ɓacewar manyan namun daji a kan maharba kaɗai. Suna da nasu kason, musamman bayan yaɗuwar bindiga, amma lissafin abinci ya fi su ƙarfi. Ƙa'idar da Raymond Lindeman ya bayyana a 1942 ta nuna cewa a kowane mataki na sarƙar abinci, kimanin kashi ɗaya cikin goma ne kawai na kuzari yake wucewa zuwa mataki na gaba. Ciyawa mai yawa take riƙe gwanki kaɗan, gwanki masu yawa suke riƙe zaki ɗaya. Babban zaki yana bukatar nama kimanin kilo shida a kowace rana, wato fiye da tan biyu a shekara. Garke mai zaki biyar zai ci wajen tan goma sha ɗaya, kuma dole namun da ake ci su ninka haka sau da yawa, in ba haka ba za su ƙare. A dajin Waza na arewacin Kamaru, mai yanayi kusa da na nan, an auna yankin da zaki yake yawo a ciki aka samu ya haura murabba'in kilomita 600.

Ƙaramar hukumar Tsanyawa gaba ɗayanta ba ta kai murabba'in kilomita 500 ba, kuma ƙidayar 2006 ta samu mutum fiye da dubu 150 a cikinta, wato sama da mutum 300 a kowane murabba'in kilomita. Ko da babu wanda ya taɓa ɗana kibiya, ƙasar da take ciyar da wannan jama'a da gero da dawa da gyaɗa da wake ba ta da rarar da za ta ciyar da garken zaki ɗaya. Wannan ba sabon abu ba ne. Lokacin da Heinrich Barth ya taso daga Katsina zuwa Kano a farkon 1851, gonaki da ƙauyuka da itatuwan ɗorawa da tsamiya da kuka ya yi ta yabawa a hanya. Masanin labarin ƙasa Michael Mortimore, wanda ya koyar a Zariya da Jami'ar Bayero, ya shafe shekaru tun daga 1960 da 'yan kai yana nazarin wannan yanki mai cunkoson gonaki, ya nuna yadda manoma suke riƙe albarkar ƙasa da taki da itatuwa irin su gawo ba tare da hutar da gona ba. Nasara ce babba ta noma, farashinta kuwa shi ne dawa. Sannan a wajen 1890 annobar shanu ta ratso Afirka, ta kashe garkunan Fulani, ta kuma haɗa da ɓauna da wasu namun daji masu kofato, abincin zaki ya ƙara raguwa.

Binciken da Philipp Henschel da abokan aikinsa suka wallafa a 2014 ya duba dazuzzuka 21 da ake kyautata zaton akwai zaki a Afirka ta Yamma, aka same shi a huɗu kawai: Niokolo-Koba a Senegal, dajin da ya haɗa Nijar da Benin da Burkina Faso, sai Kainji da Yankari a Nijeriya. Sun ƙiyasta kimanin 400 ne suka rage, waɗanda suka balaga ba su kai 250 ba. Nazarin ƙwayoyin gado kuma ya zo da abin mamaki: zakin Afirka ta Yamma ya fi kusanci da zakin Indiya da na Arewacin Afirka da ya ƙare, fiye da kusancinsa da zakin Kenya ko Afirka ta Kudu. A 2017 masana suka haɗa su a reshe ɗaya mai suna Panthera leo leo. Zakin Farisa, irin wanda Iskandari ya faraunta a gandun sarakunan can, ɗan wannan reshe ne. Ashe zakin da ake sukar sa a zanen Girkawa da zakin da fadawan Kano suke kira, dangin juna ne na kusa.

Abin da ya rage a gonakin Tsanyawa ƙanana ne, amma aikinsu ba ƙarami ba ne. Tunku da kyanwar daji da mujiya da macizai su ne suke rage ɓera da gafiya da suke ɓarnar hatsi. Bushiya da damo suna cin ƙwari. Farautar rani, musamman idan aka haɗa ta da cinna wa ciyawa wuta don a koro zomo, ba ta bambanta mai ɓarna da mai tsaron rumbu, wutar kuma tana cinye harawar dabbobi da ƙananan itatuwan da suka tsiro. Dokar kare namun daji ta Jihar Arewa ta 1963 da dokar soja mai lamba 11 ta 1985 sun hana kashe wasu dabbobi, sai dai takarda ba ta kai inda maganar Sarkin Baka take kaiwa. A yankin Kure, kimanin kilomita 60 daga Yamai, raƙuman dawa na Afirka ta Yamma sun ragu har zuwa 49 a 1996. Ba a kori manoma ba, ba a kewaye wurin da waya ba. An shawo kan mutanen ƙauyuka ne suka daina kashe su, suka riƙa samun ɗan amfani daga masu zuwa kallo. Bayan shekara ashirin da 'yan kai adadinsu ya haura 600, suna kiwo a tsakanin gonakin gero da wake, wani lokaci har suna taɓa amfanin gona, masu gonar suna ƙorafi suna kuma haƙuri.